Asbjornsen Na Norwe: Mai Tatsuniyar Da Ya Zama Malamin Daji

A ƙasar Norwe, can ƙuryar arewacin Turai inda ƙanƙara kan rufe ƙasa wata da watanni, da wuya a sami ɗan makarantar da bai san sunan Peter Christen Asbjornsen ba. In aka tambaye shi ko wane ne wannan, nan take zai ce ai shi ne wanda ya bi ƙauyuka tare da abokinsa Jorgen Moe, suka tattara tatsuniyoyin ƙasar suka mai da su littafi. Amsar daidai ce, amma rabi ce. Aikin da Gwamnati ta ɗauki mutumin nan ta riƙa biyansa albashi a kai har ya yi ritaya, aikin daji ne. Yana cikin 'yan ƙalilan na farko da Norwe ta aika waje su koyo ilmin kula da dazuzzuka, kuma tun kafin a aika shi ya riga ya buga littafi yana yi wa mutanen ƙasarsa kashedi a kan yadda suke cin dajinsu ba tsari.

Akan ɗauki wannan ɓangare na rayuwarsa kamar abin neman tuwo kurum, watau marubuci ne da tatsuniya ta kasa ciyarwa ya lallaɓa ya sami aikin Gwamnati. Akwai ƙamshin gaskiya a ciki, domin littafi bai taɓa wadata shi ba. Amma wanda ya tsaya a nan bai fahimci mutumin ba, bai kuma fahimci irin ciwon da ke damun dazuzzukan Norwe a zamanin ba. Ciwon nan doka da ɗan sanda ba su iya warkar da shi, sai wanda ya san yadda ake magana da mai riƙe da gatari. Shi kuwa Asbjornsen ya yi kusan shekara ashirin yana zaune a bukkokin masu gatarin yana sauraronsu.

Kafin a gane haka, tilas a san abin da daji yake ga Norwe. Ƙasa ce ta duwatsu, gonakinta 'yan kaɗan ne, saboda haka tun da daɗewa kifi da katako su ne abin da take kaiwa kasuwar duniya. Cikin ƙarni na 16 aka shigo da zarto mai aiki da ƙarfin ruwa, aka kafa shi a bakin kusan kowane kogi mai gangara. Manoma su sare itatuwa da hunturu, su ja gumagumai a kan ƙanƙara da dawaki, in ƙanƙara ta narke koguna suka cika sai a tura su ruwa ya kai su wurin tsaga. Jiragen Holan da na Ingila suka yi ta jigila. Sa'ad da gobara ta cinye birnin Landan a 1666, katakon Norwe na cikin abin da aka sake gina shi da shi. Ban da wannan ga ma'adinai. Haƙar azurfa a Kongsberg da haƙar tagulla a Roros, wadda aka fara a 1644, dukansu maciya itace ne, da shi ake hura wuta a jikin dutse har ya tsage, da gawayinsa ake narka ƙarfe. Ba a yi shekaru masu yawa ba kewayen Roros ya koma fili fetal. A kan tsaunuka kuma, inda mata kan kai shanu da awaki kiwo da bazara, tukunyar dafa madara ta cinye manyan itatuwa, awaki suka cinye tsiron da zai maye gurbinsu.

Babbar illa ma ba yawan saran ba ne, yadda ake yinsa ne. Mai saye shi ke faɗin kaurin gungumen da yake so, manomi kuwa ya shiga daji ya zaɓi manya miƙaƙƙu ya kayar, ya bar karkatattu da ramammu. Misalinsa kamar makiyayin da kowace shekara yake kai lafiyayyun shanunsa kasuwa, ya bar marasa lafiya su haifa masa garke. In ka hango dajin daga nesa ka ga kore shar, ka ce lafiya lau yake. Sai ka shiga ciki za ka tarar ba abin kirki. Ga shi kuma itatuwan ƙasar, masu ganye kamar allura, ba sa gaggawa: a wurare da yawa sai itace ya shekara 70 zuwa 100 kafin ya isa sara, a tudu mai sanyi ma ya fi haka. Wanda ya ɓata dajinsa, jikansa ya ɓata wa.

Ba wai mahukunta ba su taɓa farga ba. Zamanin da Norwe take ƙarƙashin Sarkin Denmak, an ɗauko wasu Jamusawa biyu 'yan'uwan juna, 'yan gidan von Langen, aka kafa musu babban ofishin daji a Kongsberg a 1739. Masana ne na ƙwarai, sun auna ƙasa, sun zana taswira, sun tsara ƙa'idodin sara. Amma attajiran katako da manoma suka haɗa kai suka ƙi su, ba su shekara takwas ba aka rufe ofishin a 1746. An sake buɗe shi a 1760, ya sake mutuwa a 1771. Ilmi bai gaza ba a nan. Abin da ya faru shi ne baƙi sun zo da umurni daga sama, cikin harshen ofis, suna gaya wa mutum abin da zai yi da itacen da ya gada daga kakansa. Daga nan Norwe ta yi shekara tamanin da wani abu ba ta da ma'aikatar daji ta sosai.

Cikin wannan tsakani aka haifi Asbjornsen, ran 15 ga Janairu 1812, a birnin Kiristiyaniya wanda yanzu ake kira Oslo. Ubansa mai sana'ar sa gilashi a tagogi ne, gida cike da almajiran sana'a da suka zo daga karkara, kowa da labaran garinsu. Yana saurayi aka aika shi karatu Norderhov a yankin Ringerike, a can ya haɗu da Jorgen Moe, ɗan wani manomi mai hali. Ya shiga jami'a a 1833, amma rashin kuɗi ya sa ya yi shekaru yana koyar da 'ya'yan masu hali a gidajensu na karkara. Wannan tsautsayi shi ya zama alheri. Shi da Moe suka ga abin da 'yan'uwan nan Grimm suka yi a Jamus, suka ƙudura yi wa ƙasarsu irinsa, suka fara fitar da tatsuniyoyin daga 1841 zuwa 1844. Labarin auta mai zama cikin toka a bakin murhu, wanda yayyensa suka raina amma a ƙarshe shi ke kayar da dodo ya auri 'yar sarki, daga nan duniya ta san shi.

Abin da ya kamata a lura da shi shi ne wahalar da suka sha a kan harshe. A lokacin nan abin da ake rubutawa a Norwe harshen Denmak ne tsantsa, abin da talaka yake furtawa kuwa daban. In sun rubuta yadda tsohuwa ta faɗa, masu karatu na birni su ce ƙauyanci ne. In sun gyara shi irin na littafi, gishirin labarin ya tafi. Suka bi tsakiya, suka riƙe gajerun jimloli da karin magana da kalmomin karkara, har aikin nasu ya zama ɗaya daga cikin abubuwan da suka karkatar da rubutun ƙasar ya kusanci bakin jama'a. Wanda ya sha wannan fama ya riga ya san abin da 'yan gidan von Langen ba su sani ba, watau yadda ake sa malami da manomi su ji magana ɗaya.

Daga 1845 zuwa 1848 kuma Asbjornsen ya fitar da wasu littattafai shi kaɗai, na labaran aljanun daji da na tsauni. A nan ne ake ganin malamin dajin tun bai zama ba. Ba ya kawo labari tsirara. Sai ya fara da tafiyar da aka yi, da dajin da aka ratsa, da bukkar da aka kwana, sa'an nan ya bar maharbi ko masunci ko mai ƙona gawayi ko mai sarar itace ya buɗe baki a gefen wuta. Dazuzzukan Nordmarka da Krokskogen, waɗanda ke bayan birnin, ya bi su da ƙafa ciki da bai. Mutumin da ya kwana da masu sara sau da yawa haka ba ya bukatar a gaya masa dalilin da ya sa suke kayar da babban itace su bar ƙarami. Ya san bashin ɗan kasuwa da ke wuyansu, ya san tsawon hunturu da yawan bakin da ke jiran abinci a gida. Ga shi kuma da ma mai sha'awar ilmin halittu ne, har a 1853 ya zaƙulo wata irin halittar teku mai kama da tauraro daga ƙarƙashin ruwan Hardanger wadda masana ba su san da ita ba, ya raɗa mata suna Brisinga.

A 1855 ya buga littafinsa a kan dazuzzuka da bukatar a tsara aikin daji a Norwe. Shekara ta gaba, yana da shekara 44, sunansa ya riga ya kai ƙasashen waje, ya karɓi taimakon karatu daga Gwamnati ya tafi Tharandt a ƙasar Saksoni ta Jamus, ya zauna aji ɗaya da samarin da ya isa ya haifa. Hausawa sun ce gemu ba ya hana ilmi, amma ba kowane mai gemu ke yarda ya gwada ba, balle wanda ake tashi tsaye in ya shigo taro. Makarantar nan, wadda Heinrich Cotta ya kafa a 1811, tana cikin manyan makarantun daji na duniya a lokacin. Abin da ake koyarwa a cikinta, in an taƙaita, lissafi ne: a auna daji, a san yawan itacen da ke tsaye, a san abin da yake ƙaruwa kowace shekara, sa'an nan kada a sari fiye da ƙaruwar. Ya gama a 1858. A 1860, shekarar da aka tsara ma'aikatar daji ta ƙasa, aka naɗa shi babban malamin daji a yankin Trondheim.

Ba Norwe kaɗai ta sha daga wannan rijiya ta Jamus ba. Bajamushe ne, Dietrich Brandis, Turawan Ingila suka naɗa shugaban dazuzzukan Indiya a 1864, daga ma'aikatar Indiya kuma aka kawo H. N. Thompson a 1903 ya shugabanci aikin daji a kudancin Nijeriya. Saboda haka gandun daji da turakun iyaka da takardar izinin sara da mai karatu ya saba gani a nan gida, tushensu ɗaya da abin da Asbjornsen ya je koyo. Bambancin shi ne, a ƙasashen da aka mulka an dasa tsarin nan da ƙarfin mulki, a Norwe kuwa babu halin yin haka.

Dalili kuwa, a Saksoni Sarki yana da manyan dazuzzuka nasa, malamin daji ya yi umurni a bi. A Norwe mafi yawan daji na manoma ne, kowa da yankinsa haɗe da gonarsa, haka yake har gobe. Wanda ba na mutum ɗaya ba kuwa galibi na tarayya ne, inda kowane gida yake da haƙƙin ɗibar itacen gini da na wuta tun kaka da kakanni. Bugu da ƙari, tun 1814 ƙasar tana da tsarin mulkinta da Majalisar Dokokinta, manoma kuma suna da ƙarfi ƙwarai a cikinta, ga su da tsantseni wajen kashe kuɗin jama'a. Shi ya sa dokar daji ta 1863 ta fi taɓa dazuzzukan hukuma da na tarayya, ta bar mai daji nasa na kansa kusan yadda yake. A daidai wannan lokaci kuma, a 1860, aka soke tsohon gatan da ya taƙaita masu ikon kafa injin tsaga katako, injuna masu tururi suka bazu, ba da daɗewa ba masana'antun takarda suka zo suna sayen har ƙananan itatuwan da a da ake rainawa. A irin wannan hali malamin daji ba shi da makami sai bakinsa da alƙalaminsa. Kuma a duk ƙasar babu alƙalamin da manomi ya riga ya amince da shi kamar na mutumin da ya mayar masa da tatsuniyar kakarsa cikin littafi.

Mai gardama zai ce an cika yabo. Zai ce ba Asbjornsen ne na farko ba, Jacob Barth da Thorvald Mejdell sun riga shi zuwa Jamus, sun riga shi kama aiki, sun kuma daɗe a ciki nesa ba kusa ba, alhali shi shekara huɗu kurum ya yi a Trondheim. Wannan gaskiya ce, kuma in ana lissafin waɗanda suka gina ma'aikatar da gumin goshinsu, su biyun nan su ne a gaba. Amma barinsa Trondheim a 1864 ba barin daji ba ne. Gwamnati ta ɗora masa kula da wani makamashi da suke kira torv, watau ruɓaɓɓun ciyayin da suka daskare a fadama shekaru aru-aru, a yanko su kamar tubali, a shanya, a hura wuta da su. Ya zaga Holan da Jamus da Denmak ya ga yadda suke yi, ya rubuta littafi a kai a 1868, ya riƙe aikin har 1876. Hikimar a fili take. Ba a hana mutum sarar itacen girki a ƙasar da sanyi ke kisa sai an ba shi abin da zai sa a murhu. Masanan yau kam ba sa goyon bayan haƙar fadamun nan, domin an gano suna riƙe da iskar da ke ɗumama duniya, in an yashe su sai ta fita. Wannan ilmi bai zo ba a zamaninsa, amma tambayar da ya yi, me talaka zai ƙona in an hana shi itace, ita ce har yanzu ake yi.

Akwai kuma wani zargi da ya fi wancan nauyi, bai kamata a rufe shi ba. A 1864 ya fitar da littafin girki da sunan aro, a ciki ya caccaki matan karkara saboda al'adarsu ta barbaɗa ɗanyen gari a kan kunun hatsi bayan ya dahu. Ya ce garin nan ba ya amfanar jiki, asara ce kurum ƙasa take yi. Eilert Sundt, wanda ya ƙare rayuwarsa yana nazarin zaman talakawa, ya tashi ya kare matan, ya ce abin da suka gada ɗaruruwan shekaru ba za a rushe shi da lissafin takarda ba. Aka yi ta musu a jaridu, abin da ake kira rigimar kunu, har wani likita ya gwada ya tarar jiki yana narkar da garin. Matan ne da gaskiya. Abin mamaki, mutumin da ya yi suna da sauraron tsofaffin mata, da ya dawo daga Jamus da ilmin littafi sai ga shi yana koya musu dama kunu. Wannan tuntuɓe bai rushe maganar da ake yi a kansa ba, ƙarfafa ta ya yi, domin ranar da ya daina sauraro ita ce ranar da aka kayar da shi a bainar jama'a.

Ya rasu a farkon Janairu 1885, saura 'yan kwanaki ya cika shekara 73, dazuzzukan kuwa ba su warke ba. Aka kafa ƙungiyar masu kishin daji ta ƙasa a 1898 da jagorancin Axel Heiberg, ta sa yaran makaranta fita dashen itace. Duk da haka a 1916 Agnar Barth, ɗan Jacob Barth ɗin nan, ya rubuta maƙalar da ta girgiza ƙasar, yana cewa dazuzzukan Norwe sun kama hanyar hallaka a guje. Gardama ta kaure, wasu na cewa ƙarya ne, wasu na cewa gaskiya ne, babu mai hujja domin babu wanda ya taɓa ƙirgawa. Sai Majalisa ta ba da kuɗi, a 1919 aka fara ƙidayar dazuzzukan ƙasa baki ɗaya, irinta ta farko a duniya. Ma'aikata suka riƙa ratsa daji a miƙe da ƙafa, suna auna kaurin itatuwa suna rubutawa. Lissafin da Asbjornsen ya koya a Tharandt sai a sa'an nan aka yi wa ƙasa duka shi, bayan shekara sittin.

A 1932 aka yi dokar kare daji wadda ta shafi mai daji nasa na kansa, aka kuma wajabta ware wani abu daga kuɗin katako domin raya dajin. Tsarin nan ya ci gaba da gyare-gyare, yanzu duk wanda ya sayar da katako tilas ya ajiye kashi 4 zuwa 40 cikin ɗari na kuɗin a wani asusu. Kuɗin nasa ne, ba haraji ba ne, amma ba ya fitar da shi sai don dashe da gyaran dajinsa da abin da ya yi kama da haka. Manomin da kakanninsa suka kori 'yan gidan von Langen ya karɓi wannan, domin an gina shi a kan cewa dajin nasa ne.

Ƙidayar farko, ta shekarun 1920, ta sami itace tsaye kimanin kubik mita miliyan 300. Ta yanzu tana samun kusan ninkinsa uku. Ba dashe kaɗai ya kawo haka ba, awaki sun ragu a tsaunuka, lantarki ya maye gurbin itacen girki, ɗumin yanayi ma ya taimaka wa tsiro. Ba kuma kowa ke murna ba, masu kare halittu suna kukan cewa an cika ƙasa da gonakin itace iri ɗaya masu shekaru ɗaya, tsohon daji na asali ya yi ƙaranci, wani baƙon itace da aka kawo daga Amurka aka dasa a gaɓar yamma kuma yana bazuwa inda ba a so. Wannan gardama yanzu a jaridu da Majalisa ake yinta, kowane ɓangare da alƙaluman ƙidayar a hannunsa.

Daga 1997 zuwa 2018 hoton Asbjornsen ne a kan takardar kuɗi ta kurona 50, a bayanta an zana wani ɗan tafki na cikin daji da furannin bado a kansa. Da aka sauya takardun kuɗin ƙasar, sai aka sa hasumiyar haska wa jiragen ruwa hanya a gurbinsa.